Akwatin Tambaya: Dattijon Nan Mai Doguwar Fuska

Wasiƙu shida ne suka taru mini a wannan watan a kan mutum guda, ɗan wasan fim Max von Sydow, kuma abin dariyar, rabin masu wasiƙun ba su san mutum guda suke tambaya ba. Wani ya gan shi zaune a cikin saiwar bishiya, wani ya gan shi da kakin soja a bakin filin ƙwallo, wata kuma malaminsu ne ya ɗora musu shi a aikin gida. Shi ya sa edita ya bar mini shafin gaba ɗaya. Sauran masu tambaya su yi haƙuri sai fitowa ta gaba. Kamar kullum, na taƙaita wasiƙun, na kuma sakaya sunaye.

Tambaya: Malam, barka da aiki. Don Allah ka raba mu gardama da abokina. A Game of Thrones akwai wani tsoho da yake zaune cikin saiwoyin bishiya yana koyar da yaron nan gurgu, Bran. Abokina ya ce shi ne tsohon da aka kashe a farkon Star Wars na 2015, wannan na yarda. Amma wai kuma shi ne tsohon fadan cocin da ya zo cire aljani a The Exorcist. Malam, fim ɗin nan na 1973 ne, kuma tun a lokacin mutumin ya tsufa tukuf, hannunsa har rawa yake. In shi ne, ai ya haura shekara 120 ke nan. Daga ƙaninka, mai gyaran waya.

Amsa: Ƙanena, je ka ba abokinka haƙuri, in da hali ka haɗa masa da gyaran waya kyauta. Lissafinka bai yi kuskure ba, idonka aka yaudara.

Sunan mutumin Max von Sydow, ɗan ƙasar Suwidin. Mutanensu suna furta shi kusan "fon Siidof", ba "Saido" ba yadda na yi shekaru ina kiransa. An haife shi ranar 10 ga Afrilu, 1929, a garin Lund da ke kudancin ƙasar. To ƙirga: lokacin da The Exorcist ya fito a watan Disamba na 1973, shekarunsa 44, da aka fara ɗauka ma bai cika su ba. Tsufan da ka gani aikin wani gwanin kwalliya ne Ba'amurke, Dick Smith. Kullum kafin a kunna kyamara sai an zaunar da shi sa'o'i, a ja fatar fuskarsa ta miƙe, a ɗiɗɗiga mata ruwan roba, a busar, a sake ta, sai ta tattare kamar ta ɗan shekara tamanin. Haka wuya, haka bayan hannu.

Amma ni ban yarda roba kaɗai ce ta yi aikin ba. An sha liƙa wa samari roba su fito a samarinsu, da roba a fuska. Koma ka sake kallon farkon fim ɗin, wanda aka ɗauka a arewacin Iraƙi, wajen kangon birnin Hatra. Dubi yadda yake ɗaga ƙafa kamar mai neman izini wurin gwiwarsa. Dubi inda ya zauna wurin mai shayi yana kokawa da ɗan gwangwanin maganin zuciya, yatsunsa sun ƙi ba shi haɗin kai. Wannan ba hannun Dick Smith ba ne. Daga nan kuma sai ya ɓace, ba ya dawowa sai can wajen ƙarshe, amma duk da haka shi aka sa a fastar fim ɗin: dogon mutum da malafa da jaka, tsaye cikin hazo a ƙofar gida.

Da tsufan gaske ya zo, sai ya zo masa da kamannin da aka zana masa shekara arba'in baya, shi ya sa abokinka ya gane shi. A Game of Thrones zango na shida ya fito, a 2016, kashi uku kacal, aka nuna shi yana da shekara 87, har sunansa ya shiga takarar kyautar Emmy. A Star Wars kuwa ko minti biyar bai yi ba aka sare shi.

Tambaya: Malam, ni ɗalibar wasan kwaikwayo ce. Malaminmu ya nuna mana wani hoto baƙi da fari, mutum yana buga dara da Mutuwa a bakin teku, ya ce mu rubuto tarihin ɗan wasan. A ina ya koyi sana'ar? Gado ya yi? Daga 'yarka.

Amsa: 'Yata, aikin gida dai ba zan rubuta miki ba, amma zan kai ki bakin rijiyar, guga naki ne.

Ba gado ba ne, ko da yake akwai ƙamshinsa. Mahaifinsa, Carl Wilhelm von Sydow, malami ne a jami'ar Lund, kuma fanninsa tatsuniya da al'adun gargajiya. Ƙwarai kuwa, tatsuniya. Aikinsa ya tattara irin nasu gatanan-gatananku daga bakin tsofaffin ƙauye, ya kwatanta na wannan yanki da na wancan, har harshen mutanen Ailan ya koya don ya ji nasu daga tushe. Mahaifiyarsa malamar makaranta ce, 'yar gidan sarauta. Uban yana da shekara 50 aka haifi yaron, kuma ni a zatona, zato ne fa, kada ki kai shi takardar jarrabawa, yaron da ya tashi gaban dattijon uba ya riga kowa sanin yadda dattijo yake tashi daga kujera.

Sunan da iyaye suka raɗa masa Carl Adolf. "Max" a wurin hidimar soja ya samo shi, kuma asalinsa sunan wata ƙuma ce a wani wasan barkwanci. Mutum mai tsayin da ya haura mita ɗaya da santimita casa'in, ya zaga duniya da sunan ƙuma.

Tun yana sakandare ya kafa ƙungiyar wasa da abokansa. Daga 1948 zuwa 1951 ya yi karatu a makarantar babban gidan wasan kwaikwayo na sarauta da ke Stockholm, wanda suke kira Dramaten, kuma yana ɗalibi ya fito a fim ɗinsa na farko, Bara en mor, wato "Uwa Ce Kawai", na darakta Alf Sjöberg, a 1949.

Ga wurin da nake so ki ja wa layi, don yawancin masu rubuta tarihinsa tsallake shi suke yi su ruga Hollywood. A Suwidin manyan garuruwa suna da gidan wasa na gari, da 'yan wasa na dindindin masu albashi. Ba a ɗauko ka don rol guda a sallame ka. Kana nan duk shekara. Wannan watan kai ne saurayi mai neman aure, wata mai zuwa kai ne kakan amarya, in babu gurbi ka riƙe mashi a bakin ƙofa ka yi shiru har a tashi. Ya yi shekara biyu a gidan wasan Norrköping da Linköping, ya yi biyu a Helsingborg, sannan a 1955 ya koma Malmö, inda wani darakta mai wuyar sha'ani, Ingmar Bergman, yake jan ragama.

Bergman yana da tsarinsa. Da hunturu, lokacin da duhu yake rufe gari tun wajen ƙarfe huɗu na yamma, ana kan dandamali. In zafi ya shigo, rana tana kai wa tara na dare ba ta faɗi ba, sai ya kwashi 'yan wasan nan dai nasa, su Bibi Andersson da Gunnel Lindblom da Ingrid Thulin, a tafi ɗaukar fim. Mutanen da suka kwana suka tashi tare a dandamali ba sa bukatar dogon bayani a gaban kyamara.

Hoton da aka nuna muku daga The Seventh Seal ne, "Hatimi na Bakwai", na 1957. Wani barde, Antonius Block, ya dawo gida bayan shekara goma a yaƙin Salibiyya, ya tarar annoba tana cin ƙasar. A bakin teku Mutuwa ta zo ɗaukarsa, da siffar mutum mai farar fuska da baƙar alkyabba. Sai ya ce su buga darar Turawa, wato ces, muddin ana wasan a bar shi da rai. Ba tsoro ne ya sa shi neman jinkiri ba. Zuciyarsa ce cike da shakka, yana kiran Ubangiji yana jin shiru, yana kuma so ya aikata abu guda mai amfani kafin ya tafi. Can gaba sai ya yi kamar kuskure ya ture 'ya'yan darar, hankalin Mutuwa ya koma kan allo, wasu matalautan 'yan wasa, miji da mata da jaririnsu, suka sulale da keken dokinsu cikin dare. Bergman ya samo hoton darar ne daga wani zanen bango na ƙarni na 15 a cocin Täby, aikin Albertus Pictor. An ɗauki fim ɗin cikin kwana 35 da kuɗi kaɗan, fitowar bakin tekun a wani wuri mai duwatsu da ake kira Hovs hallar, kuma ya ci kyauta ta musamman a bikin finafinai na Cannes. Barden nan da kike gani kamar ya ga jiya ya ga yau, shekararsa 27.

In kina son maki, kada ki tsaya kan darar, kowa a ajinku ita zai rubuta. Nemi fitowar da matar ɗan wasan ta miƙa masa kwanon madara da 'ya'yan itacen daji, ya karɓa da hannu biyu. Dubi fuskarsa kafin ya buɗe baki. Yawancin 'yan wasa in ba su ne ke magana ba, jiran layinsu suke yi, kana gani a idonsu. Shi saurare yake.

Finafinai goma sha ɗaya ya yi ƙarƙashin Bergman. Ki ƙara da biyu. The Virgin Spring na 1960, inda uban da aka kashe wa 'ya ya fita da asuba ya rungumi wata siririyar bishiya ya yi ta kokawa da ita har ya kayar, don ya yi wanka da rassanta kafin ɗaukar fansa, ba tare da ya ce uffan ba. Sai Shame na 1968, inda ya fito a wani mai goge, rago mai saurin kuka, wanda yaƙi ya mayar azzalumi a gaban idon matarsa. Na biyun ya fi hana ni barci fiye da duk aljanun The Exorcist.

Tambaya: Malam, gaskiya ne wannan Bature ya taɓa fitowa a matsayin Annabi Isa, Alaihis Salam, kuma ya fito a matsayin Shaiɗan? Ya halatta kuwa? Daga ɗan'uwanka.

Amsa: Ɗan'uwa, rabin farko nawa ne. Rabi na biyu na shafin malamai ne, can za ka aika, ni fim na sani.

Gaskiya ne. Fim ɗinsa na farko a Amurka shi ne The Greatest Story Ever Told na 1965, labarin bisa yadda Kiristoci suke ba da shi. Darakta George Stevens ya so fuskar da Amurkawa ba su saba gani tana harbi ko soyayya ba, sai ya ɗauko baƙo. A hamadar jihohin Utah da Arizona aka ɗauka, aka kashe kuɗi masu yawa, kasuwa kuma ba ta mayar ba. A 1993 kuma, a Needful Things, wanda aka ciro daga littafin Stephen King, ya fito a wani mai kanti mai fara'a da yake sayar wa kowa abin da ransa ya fi so, farashin kuwa ka je ka cuci maƙwabcinka. A na farkon ya sandare kamar an hana shi numfashi. A na biyun kana ganin mutum yana jin daɗin aikinsa.

Tambaya: Ɗana, Allah ya yi maka albarka. Shekarun baya na kalli wani fim a kaset inda Pele da fursunonin yaƙi suka buga ƙwallo da Jamusawa. Akwai wani hafsan Jamus da ya miƙe yana tafi da Pele ya ci. Jikana ya ce shi ne mutumin da kuke magana. To me ya sa duk inda na gan shi, in ba bos ba ne to Bajamushe ne? Daga tsohon malamin makaranta.

Amsa: Amin, Baba, ranka ya daɗe. Jikanka ya yi daidai, kuma ka taɓo mini inda yake mini ƙaiƙayi, don ni ma a nan na fara ganinsa. Escape to Victory ne, na 1981, na darakta John Huston, an ɗauke shi a Budapest ta ƙasar Hangari. Sylvester Stallone a raga, Michael Caine kyaftin, ga Bobby Moore, ga Osvaldo Ardiles, aka tashi huɗu da huɗu. Kaset ɗin da muka samu ya sha kallo har hoton yana rawa, kuma daidai wurin da Pele ya tashi sama ya yi wa ƙwallon baya-baya ya fi lalacewa, saboda yawan mayarwa. Cikinmu babu wanda ya kula da dogon hafsan. Sai bayan shekaru na gane cewa rabin daɗin ƙwallon nan a fuskarsa yake: tsohon ɗan ƙwallo cikin kakin abokan gaba, ya manta da kakin na ɗan lokaci, manyansa suna harararsa.

Dalilin da ka tambaya kuwa, harshe ne. Turancinsa tsaf yake, amma da ka ji ka san baƙo ne. Hollywood kuma tana da aljihu guda da take jefa dogon baƙo mai zurfin murya: hafsan Nazi, ɗan leƙen asiri, likita mai ɓoyayyen nufi, sarkin wata duniya. Haka ya zama sarki Ming a Flash Gordon na 1980, ya zama Blofeld, maƙiyin James Bond, a Never Say Never Again na 1983, ya zama uban gidan Tom Cruise mai fuska biyu a Minority Report na 2002. Har a Rush Hour 3 na Jackie Chan, da zarar ya shigo da murmushinsa na dattako na ce wa yarana ga bos nan, suka ce na ɓata musu kallo.

In bos ɗinsa na ƙwarai kake so, Baba, nemi Three Days of the Condor na 1975. Makashin haya ne mai suna Joubert, ba ya ɗaga murya, in ya koma masauki sai ya zauna yana yi wa 'yan sojojin wasan yara fenti. Ya yi ta farautar Robert Redford, da kwangilar ta sauya sai ya tsaya yana ba shi shawara kamar kawu, har da tayin rage masa hanya a mota.

Fitar nan waje ta kawo kuɗi da suna, ya zauna a Rum ya yi finafinan Italiya, amma ta ci masa wani abu. Fim na ƙarshe da Bergman ya ba shi umarni a ciki shi ne The Touch na 1971. Da Bergman ya zo yin Fanny and Alexander na 1982, ya so ya ba shi rol ɗin mugun bishop, sai maganar ta lalace a kan kuɗi ta hannun wakili, aka ba Jan Malmsjö. Ya yi nadamar wannan a fili. Sun sake haɗuwa ta bayan fage kawai, misali a The Best Intentions, wanda Bergman ya rubuta kan auren iyayensa, aka fara nuna shi a talabijin ɗin Suwidin a 1991, von Sydow ne ya fito a kakan Bergman na wajen uwa.

Tambaya: Malam, ni ba na son fim ɗin aljanu, ba na son baƙi da fari, kuma dogon falsafa barci yake sa ni bayan aikin dare. Akwai abin da zan kalla na mutumin nan? Daga 'yar'uwarka, ma'aikaciyar jinya.

Amsa: 'Yar'uwa, ke ce kika yi tambayar da na fi so, don a ganina mafi kyawun aikinsa ba barde ba ne, ba fada ba ne, ba bos ba ne. Manomi ne da makiyayi.

Fara da The Emigrants na 1971 da ci gabansa The New Land na 1972. Jan Troell ne ya ba da umarni, shi ya riƙe kyamara, shi ya tace hoton, daga littattafan Vilhelm Moberg. Kowanne ya haura awa uku, don haka ki raba su kamar magani, safe da yamma. Mu yau mun san Suwidin da arziki. A tsakiyar ƙarni na 19 ƙasar yunwa ce. Mutanenta ba su wuce miliyan uku da rabi ba a 1850, kuma daga nan zuwa shekarun 1920 fiye da miliyan ɗaya suka tsallaka teku zuwa Amurka.

Von Sydow shi ne Karl Oskar, manomi a yankin Småland, inda gona take haifar dutse fiye da hatsi. Dutse ne ma ya nakasa mahaifinsa. Liv Ullmann ce matarsa Kristina. Shi yana so su tafi, ita ta ƙi, tana tsoron teku da barin iyaye. Sai wata shekarar yunwa aka dama fate na sha'ir don bikin sunan jariri aka ajiye ya huce, 'yarsu ƙarama ta lallaɓa ta ci har ya kumbura a cikinta, ta mutu. Bayan jana'iza Kristina ta ce su tafi. Ke da kike aikin asibiti, ki tanadi hankici. Daga nan makonni goma a cikin jirgin ruwa mai filafilai, ga kwarkwata, ga amai, ga gawa ana jefawa teku, sai jirgin ƙasa, sai jirgin kogi, har Minnesota. A can ya yi ta tafiya shi kaɗai cikin daji yana caka sanda a ƙasa. Inda sandar ta nutse ba ta ci karo da dutse ba, nan ya sassaƙa sunansa a jikin bishiya, ya zauna ya jingina, ya ja hula ya rufe fuska. Murmushin da ya yi a nan, na ƙirga shi cikin manyan abubuwan da na gani a fim.

A kashi na biyu akwai inda guguwar ƙanƙara ta rutsa shi a hanya da ɗansa ƙarami, yaron ya fara sandarewa. Sa guda gare shi, da shi yake noma. Ya sare shi da gatari, ya farke cikin, ya cusa yaron a cikin ɗumin. Fim ɗin kuma bai ɓoye cewa ƙasar nan mai laushi tana da masu ita ba. Ya nuna yaƙin 'yan ƙabilar Dakota na 1862 da rataye mutum 38 daga cikinsu a Mankato, Karl Oskar kuwa yana nan kan bakansa cewa shi gumi ya ba shi gonarsa.

Sai Pelle the Conqueror na 1987, na darakta Bille August ɗan Denmak, daga littafin Martin Andersen Nexø. A nan shi ne Lasse, tsohon da matarsa ta rasu, ya ɗauko ɗansa Pelle daga kudancin Suwidin zuwa tsibirin Bornholm neman aiki, yana cika wa yaron baki a jirgi cewa can yara ba sa aiki, wasa kawai suke yi. Da suka sauka, duk masu ɗaukar ma'aikata suka wuce su, shi ya tsufa, yaron ya yi ƙanƙanta. Suka ƙare a wata babbar gona suna kwana a jikin garken shanu. Wata rana wani ɗan koyon aikin gandu ya tuɓe yaron ya zane shi a gaban jama'a. Lasse ya yi ta rantsuwa zai karya shi. Da suka yi ido huɗu sai murya ta maƙale, kafaɗa ta sauka, yaron kuma yana kallo. Mutumin da ya yi sarakuna da barade, ga shi ya ƙanƙance har kana jin kunyar kallonsa. Ya yi rol ɗin da karin harshen yankin Skåne inda aka haife shi, kuma ya sha ambata shi cikin ayyukan da ya fi ƙauna.

Fim ɗin ya ci babbar kyautar Cannes a 1988, ya ci Oscar na fim ɗin harshen waje. Shi kansa ya shiga takarar gwarzon jarumi, abin da ba kasafai ake yi wa wanda bai yi wasa da Turanci ba, amma Dustin Hoffman ya ɗauke da Rain Man. Takararsa ta biyu sai a 2012, kan Extremely Loud and Incredibly Close, inda ya fito a tsohon da ya daina magana, an rubuta masa "e" a tafin hannu guda, "a'a" a ɗayan. Ko kalma ɗaya bai furta ba, shi da aka fi sani da murya. Christopher Plummer ne ya ci, sa'ansa, su biyun haihuwar 1929. Bai taɓa ɗaukar Oscar ba har ya bar duniya, kuma ni wannan a kan masu zaɓen nake lissafa shi.

Tambaya: Baba, ina so in rubuta masa wasiƙa in ce ina son shi a Star Wars. Ina yake zaune? Daga ɗanka, ɗan aji uku a sakandare.

Amsa: Ɗana, ka makara. Ya mutu ranar 8 ga Maris, 2020, a gidansa da ke yankin Provence a kudancin Faransa, saura wata guda ya cika 91. Ya yi aure sau biyu. Na farko a 1951 da wata 'yar wasa 'yar ƙasarsu, suka haifi 'ya'ya maza biyu, suka rabu a 1979. Na biyu a 1997 da wata Bafaranshiya mai shirya finafinai, kuma a 2002 ya zama ɗan ƙasar Faransa. Sau ɗaya ya taɓa zama darakta, a Katinka na 1988, bai ƙara ba. Daga fim ɗinsa na farko a 1949 zuwa Kursk na 2018, inda ya fito a babban hafsan sojan ruwan Rasha, shekara 69 ke nan yana gaban kyamara.

Tun da ka iya rubuta wasiƙa, rubuto mini abin da ka gani a 'yan mintocin nan nasa, zan karanta. In kuma kana cikin masu buga wasan Skyrim a kwamfuta, ka riga ka san muryarsa ba ka sani ba. Tsohon nan Esbern, mai ɓuya a bayan ƙofa mai sakata da yawa, shi ne.